Murtina da Fitilar Gawayi

A birnin Betawi, zamanin da Turawan Holan ke riƙe da ƙasar Jawa, an yi wata 'yar wasan kwaikwayo ana ce mata Murtina. Allah ya ba ta manyan idanu, ya ba ta murya, sai kuma ta haɗa su da abin da ke ɓata baiwa, wato girman kai. Idan Murtina ta iya abu, a ganinta an gama iyawa a duniya, duk wanda ya zo mata da gyara kuwa, ko ɗan hassada ne ko bai san abin da yake faɗa ba. Waɗanda suka zauna da ita ba su taɓa cewa tana da rowa ko mugunta ba. Kunne ne kawai ba ta da shi.

Tun tana 'yar shekara goma sha uku take bin ƙungiyar wasan Stambul, masu yawo gari gari suna kafa rumfa suna wasa da waƙa. Uwarta ta rasu tana ƙarama, ƙanwar uwar, Mak Ija, ita ta riƙe ta. Ita ke yi mata kwalliya, ita ke ɗinke mata kayan wasa, ita kaɗai ce kuma ke iya gaya mata gaskiya, ko da yake gaskiyar ba ta cika shiga ba.

Abin da ya fito da sunan Murtina shi ne kuka. In ta fito a matsayin marainiya ko matar da aka wulaƙanta, sai ta tsaya a bakin dandamali ta ɗaga fuska, hawaye ya riƙa gangarowa ɗaya bayan ɗaya, har ka ga ƙattin 'yan dako suna goge hanci da gefen zani. Sirrin kukan nan wata tsohuwar 'yar wasa ce ta koya mata. A ƙarshen rumfa, can bayan kawunan 'yan kallo, akan rataye babbar fitilar kananzir mai famfo. Sai Murtina ta kafa wa fitilar ido, ta ƙi ƙiftawa, har idon ya kawo ruwa da kansa. Mai kallo kuwa gani yake shi take duba. Shekara bakwai tana yin haka, babu abin da ya same ta, don haka ta ɗauka duk wata fitila a duniya baiwarta ce.

Wata rana da la'asar Mak Ija ta kai ta gidan majigi a unguwar Senen. Murtina ta ga fuskar wata Baturiya ta cika farin ƙyalle, ido ɗaya ya kai girman faranti, mutane sun yi tsit suna kallo. Ta damƙi hannun Mak Ija ta ce, “Mak, wallahi sai na ga fuskata a jikin ƙyallen can. Ko sau ɗaya ne, in gan ta da idona.”

Mak Ija ta kira ta da Neng, yadda ake kiran budurwa a ƙasar, ta ce, “Ke Neng, fuskar taki da ke cikin madubin tafin hannu ma ta hana mu sakat, ina ga ta kai girman bango?”

Ba a yi shekara ba buri ya cika. Wani ɗan kasuwa Basine, wato mutumin ƙasar Sin, Babah Lim, ya sayo na'urar ɗaukar fim, ya mai da wani tsohon sito na sukari a bayan gari wurin aiki. Ya ga wasan Murtina sau ɗaya, ya aika a kira ta. Fim ɗin labarin matar wani masunci ne da teku ya cinye mata miji, kuma a lokacin fim ba ya magana, don haka duk nauyin labarin a kan fuskar matar yake.

Babah Lim mutum ne mai gaggawa, kullum agogon aljihunsa na hannunsa. Ranar farko ya kafa musu doka. Ya ce, “Ba wanda zai ga ko taƙi ɗaya na abin da aka ɗauka sai an gama. Ɗan wasa in ya ga fuskarsa yau, gobe madubi zai zo yi wa wasa, ba ni ba. Sannan ke Neng, ki sani, 'yan mata na nan a bakin ƙofa kamar ƙudaje. Kika yi mini ciwo ko latti, akwai mai shiga zaninki.”

Maganar nan ta ƙarshe ta zauna wa Murtina a zuciya, ko da yake ta yi dariya a lokacin.

A cikin siton akwai manyan fitilu biyu na lantarki, ma'aikata na ce musu fitilar gawayi, don wasu sandunan gawayi biyu ne a ciki wuta ke tsalle tsakaninsu. In aka kunna sai su riƙa tsuwa kamar an zuba ɗanyen kifi a tafasasshen mai, haskensu fari fat har da shuɗi-shuɗi. Kowace da faffaɗan gilashi a gabanta. Mai kula da su wani dattijo ne, Bang Sarbini, wanda ya yi shekaru yana walda a tashar jiragen ruwa. Idonsa na hagu ya mutu tun a can, kuma ba ya kusantar fitilun sai da baƙin tabarau.

Ranar da aka zo wurin kuka na farko, Murtina ta duba ta zaɓi fitilar da ta fi haske, ta kafa mata ido kamar yadda ta saba. Nan take Bang Sarbini ya kashe ta.

Babah Lim ya daka tsawa, “Kai Sarbini, me ya faru?”

Dattijon bai kula shi ba, ya tako wurin Murtina ya ce, “Neng, me kike kallo?”

“Fitila. Da ita nake kuka.”

“To ba wannan ba. Wannan ba fitilar rumfa ba ce, wutar walda ce aka sa mata riga. Ni da nake ba ta abinci ma ba na haɗa ido da ita. Ki dubi gefenta, ko ki dubi hular Babah. In hawaye kike so, ga albasa, ga man zafi, a shafa miki kaɗan a ƙasan ido.”

Murtina ta dube shi sama da ƙasa ta ce, “Albasa? Bang, ni aka gaya maka miya na zo yi? Albasa ta waɗanda ba su iya ba ce. Shekara bakwai ina wannan aiki, daga nan har Surabaya ba garin da ban sa shi kuka ba. Kai dai kunna fitilarka.”

“Ina gaya miki ne don na gani, Neng.” Ya ɗaga tabarau ya nuna mata mataccen idon.

Ta kau da kai ta ce, “Allah ya sawwaƙe. Amma kowa da irin idonsa.”

Aka kunna. Ta kalla, hawaye ya zo, amma a hankali, don gilashin na rage kaifin hasken. Murtina ba ta son jira. Ta ce wa Babah Lim a cire gilashin, kukan zai fi saurin zuwa. Ƙanen Babah, mai juya na'ura, ya leƙa ya ce lalle in babu gilashi hoton ya fi fitowa tas. Bang Sarbini ya yi magana, ya sake yi, Babah ya dubi agogo ya ce a cire. Aka cire. Hawaye ya ɓalle wa Murtina kamar an buɗe famfo, Babah ya riƙa tafi yana cewa bai taɓa ganin irin wannan ba.

Da asuba ta farka da ihu. Ji take kamar an cika mata idanu da yashi an murza. Fatar idon ta kumbura, ko hasken 'yar fitilar ɗaki ba ta iya jurewa. Mak Ija ta rikice, ta dafa ganyen siri, wanda tsofaffi ke taunawa, ta tace ruwan ya huce ta riƙa wanke mata.

Mak Ija ta ce, “Bari in je in gaya wa Babah ba ki da lafiya.”

Murtina ta cafke mata zani. “Kada ki kuskura, Mak! Ba ki ji abin da ya ce ba? Ki ce masa al'adata ce ta zo da ciwon mara, ba zai tambayi komai ba.”

Haka aka yi. Bayan kwana biyu kumburin ya saɓe, zafin ya tafi. Wannan sauƙin shi ya yaudare ta. Ta ce, “Kin gani ko, Mak? Tsohon nan tsoro ne kawai ya yi masa yawa.” Abin da ba ta faɗa ba shi ne, akwai wani ɗan ɗigo baƙi, bai fi ƙwayar barkono ba, da ya rage mata a tsakiyar gani. In ta dubi bango yana jikin bango. In ta dubi tafin hannunta yana tsakiyar tafin. Ta wanke ido, ta murza, ta rufe ta buɗe, yana nan. Ta ce wa kanta gobe zai tafi.

Labarin matar masunci kuwa kuka ne daga farko har ƙarshe. A mako uku Murtina ta kalli fitilar nan tsirara sau biyar. Kowane karo sai ta kwana biyu tana fama, ta tashi, kuma kowane karo ɗigon sai ya ƙaru. Daga ƙwayar barkono ya koma ƙwallon tsamiya, daga nan ya kai girman ƙwai.

A nan tsoro ya shige ta sosai, irin tsoron da ba ka da wanda za ka gaya wa. Abin da ya fi tayar mata da hankali shi ne ɗigon ba ya tsayawa wuri ɗaya, duk inda ta kai ido ya riga ta isa. Za ta ga gefen ɗaki, ta ga ƙofa, ta ga kaza na wucewa ta wutsiyar ido, amma abin da ta nufa da kallo shi ne ba za ta gani ba. Wata safiya ta ɗauki madubi, ta ga gashinta, ta ga 'yan kunnenta, ta ga haɓarta, tsakiyar kuwa babu kowa. Ta kife madubin a kan tabarma. Ta daina cin abinci sosai. In ta ji an ambaci makaho a hanya sai gabanta ya faɗi. Ta kan zauna ta rufe ido ɗaya ta gwada ɗayan, ta sauya, ko za ta samu wanda ya fi, duka biyun ɗaya suke.

Duk da haka ta ɓoye. Ta koyi gane mutane da takunsu da muryarsu. Ta koyi karkata kai tana duban abu ta gefe, mutane suka ɗauka sabuwar yanga ce ta samo. Mak Ija ta lura sa zare a allura ya gagare ta, ta tambaya, Murtina ta ce gajiya ce, ta kuma rufe ta da faɗa har tsohuwar ta yi shiru.

Bang Sarbini ne ya kama ta. Ranar da ya rage wuri ɗaya a gama fim, ana hutun tsakar rana, ya miƙo mata kofin shayi. Ta kai hannu ta kama iska, sai a karo na biyu ta samu kofin. Ya tsuguna kusa da ita ya rage murya.

“Neng, girmansa ya kai me?”

“Girman me?”

“Baƙin da ke tsakiya. Nawa da ƙwayar shinkafa ya fara.”

Kofin ya karkace a hannun Murtina. Shayin ya riƙa zuba a zaninta. Ta ce, “Ƙwai.”

Dattijon ya yi salati. Ya ce, “To ki saurare ni, don Allah ba don ni ba. Zafin nan da kumburi suna warkewa, amma baƙin nan ƙuna ce a can ciki, abin da ya ƙone ba ya dawowa. Yanzu kina da sauran gani, za ki iya zama da shi har tsufa. Kika ƙara kallon fitilar nan, ban san abin da zai rage miki ba. Tashi mu je wurin Babah, a mai da gilashi, a kawo albasa, yau ɗin nan kuma a kai ki wurin likitan ido.”

“In ya ji, zai kore ni ya sa wata.”

“Da wuri ɗaya ya rage? Ba zai sake fim daga farko ba, ya fi kowa son kuɗinsa.”

Gaskiya ya faɗa, kuma da ta tsaya ta yi tunani da ta gane haka. Amma ba korar ce kaɗai ke cin ta ba. Wuri na ƙarshen nan shi ne za a matso da na'ura har fuskarta ta cika ƙyalle, shi ne abin da ta yi rantsuwa a kansa a Senen. A ce a nan ne za a shafa mata albasa a gaban ma'aikata, bayan duk abin da ta faɗa? A ce tsohon mai walda ya fi ta gaskiya? Ta ce, “Sau ɗaya ne ya rage, Bang. Ka rufa mini asiri.”

Ya ce, “Wannan ba rufin asiri ba ne, haƙa rami ne.” Ya miƙe ya nufi Babah Lim.

Babah ya zo da saurinsa, ma'aikata suka kewaye su. Ya ce, “Neng, me nake ji? Wai ba kya gani?”

Amma ai Murtina shekara bakwai ta yi a dandamali. Ta yi fari da ido ta ce, “Ni? Wa ya faɗa?”

“Me ke hannuna?”

Inda hannun yake baƙi ne kawai. Ta karkata kai kamar mai yanga, ta tsinkayi ƙyallin sarƙa ta gefe. “Agogonka mana, Babah. Ko wanka za ka shiga ai da shi kake shiga.”

Aka yi dariya. Bang Sarbini ya ce, “Tambaye ta ƙarfe nawa.”

Babah ya matso da agogon gaban fuskarta. Ana cikin haka sai gangar masallacin unguwa ta fara bugawa, alamar azahar, kamar yadda ake yi a ƙasar. Ta yi murmushi ta ce, “Sha biyu ta gota, ga ganga ma ta faɗa. Agogon naka ne dai kullum yake gaba da na Allah.” Sannan ta juya wajen da ta ji muryar dattijon, ta faɗi maganar da ta yi ta cizon yatsa a kanta har ƙarshen ranta. “Ikon Allah! Yau mai ido ɗaya ne ke duba masu biyu.”

Wasu suka yi dariya, wasu suka sunkuyar da kai. Mak Ija ta ce, “Haba Neng, sa'an ubanki ne fa.” Babah Lim kuwa ya ji abin da yake son ji, ya mai da agogo aljihu ya ce a koma aiki.

Bang Sarbini ya cire tabarau ya ajiye a kan akwati. Ya ce, “Babah, in babu gilashi, hannuna ba zai kunna ta ba.” Ya fita ya zauna a ƙarƙashin bishiyar mangwaro da ke bakin sito. Babah ya yi tsaki, ya ɗauki tabarau ya sa, ya kunna da kansa. Da yake bai san aikin ba, har matso da fitilar ya yi.

Aka zaunar da Murtina a kan tabarma, ragar kamun kifi a cinyarta. Ta ji tsuwar fitilar, ta ji zafinta a kumatu tun ba ta ɗaga kai ba. Wani irin tsoro ya kama ta. Ta tuna madubin da ta kife. Ta tuna makafin da ke zama a bakin kasuwa. Tun kafin a fara juya na'ura hawaye na gaske ya riga ya cika mata ido yana zuba. Mak Ija da ke tsaye a gefe ta gani, ta ce, “Neng, ai ga shi nan ya zo, kada ki kalla!”

Amma Murtina ba ta taɓa yin kuka a wasa babu fitila ba, ba ta yarda da hawayen da ya zo da kansa ba. Gani take zai ƙafe a tsakiya ta ji kunya. Babah ya ce, “Fara!” Ta ɗaga fuska ta nemi hasken. Baƙin ya rufe shi, don haka ta riƙa gusar da ido kaɗan-kaɗan tana neman inda zai shiga, wato da kanta ta riƙa miƙa wa wutar sauran wurin da bai ƙone ba.

Fim ya sarƙe a cikin na'ura, aka sake. A karo na biyu Babah ya ce ragar ta rufe mata haɓa, aka sake. A karo na uku ba wanda ya yi motsi a siton, har mai juya na'ura kuka yake. Babah ya ce, “Ya yi! An gama!” Aka kashe fitila, tsuwar ta tsaya.

Murtina na zaune ba ta motsa ba. Can ta ce, “Ku kashe ta mana.”

Babah ya ce, “Ai an kashe.”

“Ba a kashe ba, ga ta nan. Mak, ce musu su kashe! Mak, ina kike?”

Mak Ija na durƙushe a gabanta, tana riƙe da hannayenta biyu. Ihun da Murtina ta yi shi ya shigo da Bang Sarbini a guje. Ya jiƙa ƙyalle ya ɗaure mata ido, ya fita ya tsayar da keken doki, shi ya riƙe ta har asibiti.

Likitan ya ɗaure idon kwana goma. Da aka kwance, farin hasken da take gani ya dushe, baƙi ya maye gurbinsa, ya cinye tsakiyar gani gaba ɗaya. Abin da ya rage mata ɗan zobe ne a gefe, dishi-dishi, wanda zai hana ta karo da bango amma ba zai nuna mata fuskar kowa ba. Likitan ya tambayi yaushe abin ya fara, aka gaya masa. Ya ce da an tsaya tun a makon farko, da har zare za ta ci gaba da sawa a allura.

Bayan wata biyu aka fara nuna fim ɗin, a gidan majigin nan na Senen. Murtina ta ce sai ta je. Mak Ija ta yi mata kwalliya, ta sa mata rigarta mafi kyau, suka je nunin la'asar. Bang Sarbini ya zauna a ɗaya gefenta, don tun daga asibiti bai daina zuwa gaishe ta ba, kuma ta riga ta roƙe shi gafara yana cewa ba komai.

Aka kashe fitilu, masu goge da garaya suka fara kiɗa a gaban ƙyalle. Murtina ta ɗaga kai. Ta ga haske na motsi a gefe-gefe, ta juya ido wurin, baƙin ya riga ta. Ta karkata hagu, ta karkata dama, ta ɗaga haɓa, ta sunkuyar. Abin da ta samu bai wuce inuwa mai toka-toka tana kai da kawowa ba. Da fim ɗin mai magana ne da ko muryarta ta ji, to ba ya magana. Tana zaune a gaban aikinta kamar wadda ke zaune a gaban katanga.

Da aka zo wuri na ƙarshe, gidan ya yi tsit. Sai ta fara jin shessheƙa, a bayanta, a gabanta, har can sama wurin masu kujerun tsada. Wata mata ta ce, “Wayyo, dubi idanunta.”

Murtina ta lalubi hannun Mak Ija ta ce a hankali, “Mak, ni ce?”

“Ke ce, Neng.”

“Ta cika ƙyallen?”

“Ta cika shi, daga sama har ƙasa.”

“Na yi kyau?”

Bang Sarbini ne ya amsa. Ya ce, “Kin yi kyau, Neng. Da ido ɗaya nake kallo, amma ban taɓa ganin kamarsa ba.”

Ta ce, “Bang, a jikin ƙyallen, hawayen ya fara zuba ne kafin in ɗaga kai, ko bayan na ɗaga?”

Dattijon ya so ya yi mata ƙarya, amma bai iya ba. Ya ce, “Kafin.”

Fim ya ƙare, aka kunna fitilu. Mutane suka riƙa fita suna yabon matar masunci, suna gogar kafaɗar wata mata da ake ja da hannu a bakin ƙofa, ba wanda ya gane ta.

Fim ɗin ya yi mako uku ana nuna shi. Kafin shekara ta zagayo fina-finai masu magana suka cika gari, Babah Lim ya sayar da na'urarsa ya koma cinikin sukari, gwangwanayen fim ɗin kuwa ba a san inda suka shiga ba. Murtina ba ta sake fitowa a wani fim ba, dandamali ma ya gagare ta. Ta rayu shekaru masu yawa tana soya ayaba a ƙofar gidan Mak Ija, tana gane nunarta da ƙamshi. Fuskarta ta cika farin ƙyalle kamar yadda ta rantse, dubban mutane sun gan ta, ban da ita.

Darasin da ke cikin wannan labari shi ne, iya abu a wani wuri ba ya nufin ka iya shi a ko'ina, kuma dabarar da ta fisshe ka jiya tana iya halaka ka yau idan wurin ya sauya. In ka shiga sabon aiki, ka saurari wanda ka tarar a ciki ko da kana ganin ka fi shi daraja, musamman in yana ɗauke da tabon abin da yake yi maka gargaɗi a kai. Kada kuma tsoron rasa matsayi ko kunyar a ce ka yi kuskure su sa ka ɓoye ciwo, domin ciwon da aka ɓoye ba ya tsayawa inda aka bar shi. Murtina ta ƙi jin kunyar minti ɗaya a gaban ma'aikata, ta biya da idanunta biyu. Girman kai rawanin tsiya ne, kuma in kunne ya ji, jiki ya tsira.